Hukuncin Koyon Ibrananci da Nazarin Kalandar Yahudawa

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibin tarihi ne, ina son koyon Ibrananci don in fahimci kalandar Yahudawa. Shin ya halatta? Sannan wani ya ce mini tunda a wajensu aka tarar da azumin Ashura, da lissafinsu ya kamata mu nemo ranar.

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, koyon Ibrananci halal ne. Manzon Allah (SAW) da kansa ya umarci Zaidu bin Sabit ya koyi rubutun Yahudawa, saboda bai aminta da su a kan wasiƙunsa ba. Zaidu ya iya shi cikin kimanin rabin wata, ya zama shi ke rubuta musu, shi ke karanto abin da suka aiko. Abu Dawud da Tirmizi sun ruwaito wannan.

Kalandar ma malamanmu sun riga ka shiga cikinta. Albiruni, a littafinsa Al'asarul Baƙiya wajen shekara ta 1000 miladiyya, ya yi dogon bayani a kanta. Sai dai ka riƙe ma'aunin da Bukhari ya ruwaito daga Abu Huraira: Ahlul Kitabi suna karanta Attaura da Ibrananci suna fassara wa Musulmi da Larabci, sai Annabi ya ce kada a gaskata su, kada kuma a ƙaryata su.

Maganar abokinka kuwa kuskure ce, kuma ita ta fi damuna. Watanninsu na wata ne, gaskiya, amma suna ƙara wata na 13, Adar na biyu, sau 7 a kowace shekara 19, don bukukuwansu su riƙa faɗowa a yanayi guda. Mu kuwa Allah ya ƙayyade mana wata 12 a Suratut Tauba, aya ta 36, aya ta 37 kuma ta soki jinkirta watanni irin na Jahiliyya. Shi ya sa Muharram ke ja baya da kwana 11 ko kusa da haka duk shekara, yana zagaya rani da damina, ba ya tsayawa daidai da watanninsu.

Da Annabi ya tarar da su suna azumin a Madina, cewa ya yi mu muka fi su cancantar Musa, daga baya ya yi niyyar ƙara ranar 9 don a saɓa musu. Saboda haka ka yi karatunka, bayan ka ƙarfafa aƙidarka, amma Ashura ranar 10 ga Muharram ce bisa ganin jinjirin wata. Wallahu a'alam.