Yaya zan rubuta labarin da naman kaza ke mulkin duniyar mafarki?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce a nan Maradi, ina rubuta ƙagaggen labari na wani zamani da naman kaza da funfuna suka yi hankali har suka mallaki duniyar mafarki. Na kai babi na uku, amma ƙawayena sun ce aljanu kawai na ɗora wa laima. Me zan gyara?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗiyata. Ƙawayenki sun gano ciwon. Idan sarkin labarinki yana da ido da baki, yana zaune a fada yana ba da umarni, to mutum ne aka sauya wa riga. Maganin shi ne ki gina mulkin a kan yadda jikin wannan halitta yake a zahiri.

Laimar nan da ke fitowa a jikin ruɓaɓɓen icce bayan ruwan Agusta ba ita ce halittar ba, kamar ɗan itace take. Ainihin jikin zare ne fari, ya fi gashi siriri nesa ba kusa ba, yana ratsa ƙasa da icce. Ba shi da ciki: yana zuba ruwan narkarwa a kan abinci, ya narke a waje, sannan ya tsotse. A jihar Oregon ta Amurka akwai irin wannan zare guda ɗaya da ya mamaye ƙasa kusan murabba'in kilomita 9. Saboda haka sarkinki ba ya zama a fada, shi ne ƙasar da ake takawa. Laimomin su zama manzanninsa, su fito da asuba su isar da saƙo, kafin kwana biyu ko uku sun bushe. Wanda ya sare manzo bai taɓa sarki ba, kuma wannan kaɗai ya isa ya zama kuskuren da jarumarki za ta tafka a babi na farko.

Sai batun ruwa, wanda shi ne ƙashin bayan labarin. Funfuna ba ta yaɗuwa sai da danshi da ɗumi. Damina a Maradi daga Yuni zuwa Satumba take, ragowar shekara rani ne. Ki sa ikon masarautar ya bi wannan lissafi: wata huɗu na ƙarfi, lokacin da Gulbin Maradi ke kawo ruwa, wata takwas na janyewa zuwa fadama da bakin tafkin Madarunfa. A lokacin hunturu ba sa mutuwa, suna komawa ƙwayoyin iri ne da ido ba ya gani, iska ta kwashe su. Ga hanyar shiga mafarki ta samu: wanda ya shaƙi ƙurar ya kwanta, can zai farka.

Wajen tsarin mulki, kada ki je nesa, ki dubi suri. Akwai garar da ke noma naman kaza a cikin surinta: tana tauna ciyawa da icce ta jera masa, shi kuma ya narkar da abin da cikinta ba zai iya ba, ta ci. Wa ke bautar wa? Wannan tambaya ta fi yaƙin takobi riƙe mai karatu. Haka kuma mafi yawan tsirrai suna ciniki da zaren da ke manne a saiwarsu, suna ba shi sukari, yana kawo masu ruwa da sinadarin fosfarus. Mai da wannan ya zama haraji: mai mafarki ya biya da tunawa ɗaya, a ba shi sani ɗaya. Ki ƙayyade farashin tun farko, kada ki sauya shi a tsakiya.

Makamansu ma akwai su a gonakinmu. Ɓurtuntuna na mai da zangarniyar dawa baƙin gari. Funfunar da ke kama gyaɗar da ba ta bushe sosai ba tana barin guba mai lalata hanta, dafuwa ba ta kashe ta. Akwai kuma wadda ake fesa wa fara, an gwada ta a nan Nijar, tana ɗaukar mako biyu zuwa uku kafin ta kashe. Lura da wannan jinkiri. Hukuncinsu ba ya sauka nan take, wanda aka yanke wa yakan ci gaba da yawo lafiya lau bai sani ba. Amma kada ki mai da su mugaye zalla, domin daga funfuna aka gano maganin fenisilin a 1928.

Abin da ya fi kashe irin wannan labari shi ne a ce tunda mafarki ne komai na iya faruwa. Idan komai na yiwuwa, mai karatu ba ya jin tsoron komai. Rubuta doka uku a takarda ɗaya: yadda ake shiga, abin da ake biya, da abin da ke biyo mutum idan ya farka, ko da warin ruɓaɓɓen ganye ne a hannun riga. Sannan ki koma babi ukun nan, duk inda naman kaza ya yi magana da baki ki goge, ki sa saƙon ya zo ta wari, ko ta ɗanɗanon da jarumar ke ji a harshe, ko ta wurin da laima ta zaɓa ta tsiro.