Muryar da lauyanmu ya turo kan shari'ar marigayi

Assalamu alaikum. Kawu, barka da dare, ya ƙarin haƙuri? Allah ya jiƙansa da rahama. Na saurari muryarka har sau biyu, inda kake cewa Babbar Kotu ta sallami wanda ake tuhuma da kashe yaron nan, ta wanke shi, kana tambaya ko za ku ɗauki lauya ku ɗaukaka ƙara. Wallahi da na ji muryarka ta karye sai da na ajiye wayar.

To Kawu, gaskiyar da zan faɗa maka ba daɗi. A shari'ar laifi, ku iyaye shaidu ne kawai, ƙarar ta gwamnati ce. Ka duba saman takardar, sunan jiha ne a wurin mai ƙara. Sashe na 243 na kundin tsarin mulkin 1999 ya bar ɗaukaka ƙara a hannun wanda ake tuhuma da kuma ɓangaren masu gabatar da ƙara, wato ƙarƙashin ikon Antoni Janar, babban lauyan gwamnati mai kula da Ma'aikatar Shari'a. Saboda haka ƙofar da za mu ƙwanƙwasa ita ce Ma'aikatar Shari'a. Ko lauyan kanku kuke so ya tsaya, sai Antoni Janar ya ba shi izini a rubuce.

Abin da ya hana ni barci shi ne lokaci. Kwana 90 ne daga ranar da aka yanke hukunci, kuma ka ce an yi sati uku. Cikin kwanakin nan gwamnati ba ta buƙatar roƙon kowa, takardar ɗaukaka ƙara kawai za ta shigar. In suka wuce, sai an je Kotun Ɗaukaka Ƙara da takardar rantsuwa, a bayyana dalilin jinkiri mai ƙarfi, a kuma nuna akwai kuskuren da ya isa a saurara. Tana iya yarda, tana iya ƙi.

Ana samu dai. Ka tuna shari'ar Manjo Hamza Al-Mustapha kan kisan Kudirat Abiola? An yanke masa hukuncin kisa a 2012, Kotun Ɗaukaka Ƙara a Legas ta wanke shi a Yulin 2013. Gwamnatin Legas ta makara, sai a Janairun 2017 Kotun Ƙoli ta ba ta izini, da wa'adin kwana 30. Shekara uku da rabi ke nan a kan neman izini kaɗai, kuma gwamnatin jiha ce da kanta. Ina ga mu?

Sannan kada a sa rai za a sake kiran shaidu. Alƙalan sama takarda suke karantawa. In alƙali ya ce bai gaskata shaida ba don ya gan shi yana kame-kame, da wuya su taɓa. Amma in ya yi watsi da hujjar da doka ta yarda da ita, nan ne muke da abin kamawa.

Don Allah gobe da sassafe a tura wani wurin rajistaran kotun, ya nemi kwafin hukuncin mai hatimi, ya riƙe rasit. A ɗauko min hoton kowane shafi, har na ƙarshe mai sa hannu. Ni zan rubuta takardar koken zuwa ga Antoni Janar, ranar Litinin in Allah ya yarda mu kai tare, a buga mana tambarin karɓa a kan kwafinmu. A gaida Inna.