Wai akwai ayabar da ta ɓace, ƙwayarta kaɗai anka gani?

Tambaya daga wata ɗalibar lise a Tahoua: Malam ina wuni, mushenmu, wato malaminmu na lakkwal, ya ce akwai wata ayaba da ta ƙare a duniya, ƙwayarta kawai anka samu cikin dutse. Ayaba ma tana da ƙwaya ne? Ta yaya anka san ayaba ce, kuma in an shuka ta za ta fito?

Amsa: Lafiya lau ƙanwata, mushenku bai yi kuskure ba. Sunanta Ensete oregonense, an tono ƙwayoyinta a jihar Oregon ta Amurka, wurin da ake kira Clarno, kuma masana biyu Steven Manchester da John Kress sunka sa mata suna a 1993. Shekarunta sun kai kamar miliyan 43.

Ayabar da kike saya a kasuwa ce ta ruɗe ki, waɗannan ɗigo-ɗigon baƙaƙe na tsakiyarta ƙwayoyi ne da ba su nuna ba, shi ya sa ba a shuka ta da iri sai dai a cire 'ya'yan da ke tsirowa a gindinta a dasa. Amma ayabar daji cike take da ƙwaya mai tauri, in kin ciza da ƙarfi sai ki nemi likitan haƙori. Dangin Ensete ɗin har yanzu suna nan a Afirka da Asiya, a Habasha ma abincin miliyoyin mutane ne, ba 'ya'yan suke ci ba, gindi da jikin suke kankarewa su binne ya yi tsami su yi wani abinci da suke ce ma kocho.

To yaya anka gane ta ba ganye ba fure? Ke kanki in na zube miki ƙwallon dabino da na magarya da na aduwa a tabarma ai ba sai kin ga iccen ba za ki ware su. Haka masana ke yi, sai dai su suna yanka ƙwayar siriri su duba da madubin ƙara girma. Ƙwayar dangin ayaba tana da alamunta: wani ɗan murfi a baki wanda tsiro ke turewa in zai fito, da wani ɗan ɗaki a ɗaya gefen, ga kuma yadda ɓawon ya jeru. Abin da ya taimaka shi ne laka da tokar aman wuta sun rufe wurin, ruwa mai ɗauke da silika, sinadarin da ke cikin rairayi, ya ratsa ƙwayoyin ya cika su sannu a hankali har sunka zama dutse amma siffar ta tsaya. Ganye da fure su ruɓa suke da wuri, ƙwaya ce mai jurewa. Ni abin da ya fi burge ni ma, Clarno yau busasshen wuri ne mai sanyi da hunturu, ayaba ba ta zama nan, ke nan a wancan zamani ƙasar zafi ce mai ruwan sama da yawa. Kar ki yi mamaki, a duwatsun Adar ɗinku ana tsintar bawon halittun teku, kuma in kin zo Yamai ki shiga muze Boubou Hama, gidan tarihi na ƙasa, ki ga ƙasusuwan ƙaton kadan da anka tono a Gadoufaoua cikin hamada.

Batun shuka kuwa a'a, ba ta fitowa, ko kin yi mata ban ruwa shekara goma. Babu sauran rai a ciki, dutse ne mai siffar ƙwaya. Wataƙila kin ji labarin ƙwallon dabinon Masada ta ƙasar Isra'ila mai shekara kusan 2000 da ya tsiro a 2005, wannan gaskiya ne, amma shi bushewa kawai ya yi a wuri mai fari, bai taɓa zama dutse ba.