Yadda Ake Ɗora wa Katun Muryar Japananci

Tambaya: Malam, na ji an ce idan fim ɗin katun na Amurka zai shiga Japan, ba murya kaɗai ake sauya masa ba. Da gaske ne? Yaya ake aikin?

Amsa: Ƙwarai kuwa. Sinimomin Japan sukan nuna fim iri biyu: mai fassara a rubuce a jikin allo, da wanda aka ɗora wa muryoyin Japananci, wato fukikae. A katun, na biyun ya fi kasuwa, tunda yara da iyayensu ne ke cika kujeru.

Babban nauyin yana wuyan mai fassara. Bature kalma ɗaya gare shi ta cewa "ni". Bajapane kuwa yana da watashi ta ladabi, boku ta yaro ko namiji mai sanyin hali, ore ta mai ji da kansa, da washi da ake sa wa tsofaffi a baki cikin labari. Dole a zaɓar wa kowane tauraro tasa, kuma yana buɗe baki ɗan kallo ya san ko wane ne. A ganina, idan aka kuskure nan, ba muryar da za ta gyara, komai daɗinta.

Sai kuma motsin baki. Japananci a ƙarshen jimla yake ajiye aikatau, don haka sai an warware magana an sake ɗinka ta, ana ƙirga gaɓoɓi, har sautin ya ƙare daidai lokacin da leɓen zanen ya rufe. Waƙa ta fi cin rai. Da fim ɗin Frozen ya isa Japan a Maris 2014, an sa masa suna "Anna da Sarauniyar Ƙanƙara", babbar waƙarsa kuma, wadda Takako Matsu ta rera, ta koma "yadda nake" maimakon "bar shi ya tafi".

Ƙwararrun 'yan murya, seiyuu, su ke riƙe yawancin aikin, amma akan ɗauko fitaccen suna don jan kasuwa. Gru, tauraron fim ɗin Despicable Me, ɗan barkwanci Shofukutei Tsurube ne ya yi muryarsa, da karin harshen yankin Kansai na yammacin Japan.

Hoton ma akan taɓa shi. A fim ɗin Inside Out na 2015, akwai jaririyar da take ƙin cin wani kayan lambu mai suna burokoli. Kamfanin Pixar da ya yi fim ɗin ya sake zana kwanon da koren tattasai domin Japan, saboda shi ne yaran can ke yamutsa wa fuska.