Hukuncin Kai Ƙara Kotu Kan Sakamakon Gasar Ƙwallon Makarantu

Tambaya: Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni mazaunin Agege ne a Legas. An ci makarantar su ɗana a wasan ƙarshe na gasar ƙwallon ƙafa ta 'yan sakandare. Alƙalin wasa ya soke ƙwallon da yaranmu suka ci, daga baya kuma muka gane cewa wanda ya zura mana ƙwallo ba ɗalibi ba ne, matashi ne da muka sani yana dako a kasuwar Mile 12, aka sa masa rigar makaranta. Mu iyaye muna so mu haɗa kuɗi mu ɗauki lauya. Shin ya halatta?

Amsa: Wa alaikumus salamu wa rahmatullah. Ɗan'uwa, ka haɗa ƙorafi biyu waɗanda hukuncinsu ya bambanta.

Ƙwallon da aka soke, wannan ba ku da hanyar ƙara a kansa. Makarantun biyu sun shiga fili ne da yardar cewa alƙalin wasa shi zai raba gardama, kuma hadisi ya tabbatar cewa Musulmi suna kan sharuɗɗan da suka ƙulla. Ya yi hukunci da abin da idonsa ya gani, kuma ƙa'ida a wajen malaman fiƙihu ita ce ba a warware ijtihadi da wani ijtihadin. Hatta kotun sauraron ƙararrakin wasanni da ke Lozan a ƙasar Suwizalan, wadda aka kafa a 1984, ba ta sauya hukuncin da alƙalin wasa ya yanke a cikin fili sai an tabbatar da cin hanci ko mugun nufi.

Sa ɗan haya kuwa ha'inci ne tsantsa, kuma Annabi (SAW) ya ce wanda ya ha'ince mu ba ya cikinmu, kamar yadda Muslim ya ruwaito. Kofin da kuɗin kyautar da aka samu ta wannan hanya haramun ne a hannun wanda ya karɓa, ko da takarda ta ba shi, domin hukuncin alƙali ba ya halatta abin da yake haram. Kada a ce ai wasan yara ne. Irin wannan cuta, ta hanyar rage shekarun 'yan wasa, ita ta sa hukumar FIFA ta dakatar da Najeriya daga gasannin matasa na shekara biyu a 1989, kuma malamin da ya ɗauko ƙato mai gemu, ya aske shi, ya ce ɗan aji uku ne, ya koya wa yara goma sha ɗaya ƙarya a rana guda.

Don haka neman haƙƙi a nan ya halatta, amma hujja tana kan mai da'awa. "Mun san shi a kasuwa" ba ya wadatarwa. Sai rajistar makaranta, da takardar haihuwa, da shaidu adilai da za su tsaya su faɗi abin da suka sani. Sannan makaranta ce mai haƙƙin ƙara, domin ita ta sa hannu a gasar, ku iyaye kuna mara mata baya ne. Ta fara da kwamitin ƙorafi na gasar cikin wa'adin da dokarsu ta gindaya, sannan hukumar ilimi da ke kula da makarantun. Idan an toshe kunne, akwai zauren sulhu na Multi-Door da ke haɗe da babbar kotun Legas tun 2002, kuma na fi son ku tsaya a nan, saboda Allah ya ce sulhu alheri ne, kuma shari'a tana iya jan lokaci har yaran su gama makaranta, ladan lauya ya ninka kuɗin kofin. In duk wannan ya ci tura, shiga kotu don kawar da zalunci babu laifi.

Kafin ku ɗauki mataki, ku binciki taku tawagar, domin idan akwai ɗan haya a cikinta, ƙarar ta zama zalunci kan zalunci. Kuma bai halatta ku watsa hoton matashin nan a Facebook ko WhatsApp ba; da'awarku tana kan waɗanda suka ɗauko shi.

Wallahu a'alam.