Filin Tambayoyin Ƙwallo: Bora Milutinovic, daga Belgrade zuwa bencin Super Eagles

Tambaya: Assalamu alaikum. A fadarmu ta unguwar Birni, nan Damagaram, gardama ta ƙi ƙarewa a kan Bature mai tarin gashi da ya horar da Najeriya a gasar cin kofin duniya ta 1998. Wasu sun ce ɗan Mekziko ne, wasu kuma sun ce bai taɓa buga ƙwallo ba. Malam, a raba mu.

Amsa: Wa alaikumus salam. Duka ɓangarorin biyu sun sha ƙasa. Sunansa Velibor Milutinovic, duniya ta san shi da Bora, kuma ɗan Sabiya ne. An haife shi a 1944 a garin Bajina Basta, lokacin ƙasar tana cikin Yugoslabiya. Ya tashi maraya tare da yayyensa biyu, Milos da Milorad, kuma su ukun duk sun buga wa Partizan ta Belgrade. Milos ne tauraron gidan: shi ya fi kowa cin ƙwallaye a gasar zakarun Turai ta farko, kakar 1955-56, da ƙwallo 8. Bora ɗan wasan tsakiya ne mai kai, amma bai kai yayansa suna ba. Daga Partizan ya buga a Suwizalan, ya buga wa Monaco da Nice da Rouen a Faransa, sannan a 1972 ya tsallaka Mekziko, ƙungiyar Pumas. A can ya rataye takalmi, a can kuma aka ba shi aikin horarwa a 1977, ya ci kofin ƙasar a kakar 1980-81. Daɗewarsa a Mekziko da jin sa da ake yi yana Sifaniyanci ne suka ruɗi abokanka.

Tambaya: Ina ji ana cewa ya je kofin duniya da ƙasashe biyar. Gaskiya ne, ko zuzutawar ƴan jarida ce? Daga wani mai karatu a Zango.

Amsa: Gaskiya ne, kuma a jere: Mekziko 1986, Kosta Rika 1990, Amurka 1994, Najeriya 1998, Sin 2002. Huɗu na farko duk ya fitar da su daga rukuni. Sai dai ayyukan nan biyar ba iri ɗaya ba ne, kuma masu yabonsa kan haɗa su a buhu guda.

Mekziko da Amurka masu masaukin baƙi ne, ba su buga wasannin share fage ba, saboda haka ya samu shekara uku-uku yana gini. A Mekziko ya jingina da yaran da ya sani tun Pumas, irin su Hugo Sanchez da Manuel Negrete, suka kai wasan kusa da na kusa da na ƙarshe, inda Jamus ta Yamma ta fitar da su a bugun fenareti bayan an tashi babu ci. A Amurka, ƙasar ba ta da babbar gasar ƙwararru a lokacin, sai aka tara ƴan wasan gida a sansani ɗaya a Mission Viejo ta jihar Kalifoniya suna atisaye kamar kulob. Sun ci Kolombiya 2-1, sun fita a matsayi na uku a rukuni, Birazil ta cire su da 1-0.

Aikin da ya fi nuna gwanintarsa a ganinmu shi ne na Kosta Rika. Ya karɓi ƙungiyar saura kusan wata uku a fara gasa, ya ajiye wasu manyan ƴan wasa har da kyaftin, ya tsara baya da kyau, ya ci Sikotilan 1-0 da Suwidin 2-1 a zuwan ƙasar na farko. Sin kuwa ita kaɗai ce ya fitar daga share fage kuma ya raka har gasar. Zuwansu na farko ne, amma sun sha kashi sau uku ba tare da sun jefa ko ƙwallo ɗaya ba.

Tambaya: Har yau abin yana yi mini ciwo. Ƙungiyar Najeriya da ta doke Sifaniya a 1998, ta yaya Danmak ta zuba mata 4-1? Laifin koci ne ko na ƴan wasa? Daga wata mai karatu a Sabon Gari.

Amsa: Hajiya, ba ke kaɗai ba ce, har yanzu ana jin zafin daren nan daga Kano zuwa Damagaram. Bari mu bi shi daki-daki.

Philippe Troussier ne ya kai Najeriya gasar, Bora ya zo a ƙarshen 1997. Najeriya ba ta buga kofin Afirka na 1998 a Burkina Faso ba, saboda hukuncin da aka yi mata kan ƙin zuwa Afirka ta Kudu a 1996. Ke nan sabon koci bai samu babbar gasa ta gwada ƴan wasansa ba. Wasannin sada zumunci kuma sun nuna ramin da ke baya: Yugoslabiya ta ci 3-0, Holan ta ci 5-1. An kuma kira Peter Rufai dab da gasar ya tsaya a raga.

Ranar 13 ga Yuni a Nantes, Sifaniya ta shiga gaba sau biyu, ta ƙafar Hierro da ta Raul. Mutiu Adepoju ya rama ta farko da ka daga kwanar da Garba Lawal ya bugo. Ta biyu Lawal ne ya shimfiɗo ƙwallo daga hagu, mai tsaron gida Zubizarreta ya tura ta cikin ragarsa da hannunsa. Minti biyar bayan haka Sunday Oliseh ya tari wadda aka fitar da ka, ya narka ta daga nesa, 3-2. Nasara ce babba, amma mai duba tsari zai ga an zura wa Najeriya biyu kuma Sifaniya ta ɓarar da wasu. Sannan aka ci Bulgeriya 1-0 ta hannun Victor Ikpeba ranar 19 ga wata.

A nan Bora ya yanke shawarar da ake muhawara a kanta har yau. Da yake an riga an fita daga rukuni, ya hutar da mafi yawan ƴan wasan farko a karawa da Faraguwe, aka sha kashi 3-1. Hutu yana da amfani, amma waɗanda aka ajiye sun yi kwana tara ba wasa, daga 19 zuwa 28 ga wata, kuma hankalin mutane da yawa ya riga ya tsallake Danmak ya koma kan haɗuwa da Birazil a zagaye na gaba, wadda Najeriya ta ci 4-3 a gasar Olamfik ta Atlanta a 1996.

Minti 3 da fara wasan da Danmak, ɗan wasanta Peter Moller ya ci. A minti na 12 bugun tazara ya zo, Rufai ya doke ta gaba, babu ɗan bayan da ya bi ta, Brian Laudrup ya ƙarasa. Ta ukun ta fi ciwo: Ebbe Sand ya shigo canji, cikin daƙiƙoƙi ya ci daga ƙwallon da Michael Laudrup ya ɗago masa, domin babu wanda ya ɗauki alhakin sabon shigowa. Helveg ya ƙara ta huɗu kafin Tijani Babangida ya rage ɗaya. Hukuncinmu shi ne koci yana da kaso, domin ya ga matsalar baya tun kafin gasa bai toshe ta ba, kuma babu ɗan tsakiyar da aka ɗaure da Michael Laudrup. Amma rashin bin ƙwallon da gola ya doke, wannan na waɗanda ke cikin fili ne.

Tambaya: Ina horar da yaran unguwa, kuma sati uku kawai nake samu kafin gasar dogon hutu. Me zan ɗauka daga irin aikin Bora na Kosta Rika?

Amsa: Ɗan'uwa, an ce ba a fafe gora ranar tafiya, amma idan ranar ta zo sai a zaɓi abin da zai yiwu. A sati uku ba za ka koya wa yaro tare ƙwallo ba. Abin da za ka iya koya masa shi ne inda zai tsaya.

Satin farko ka tsayar da mutum 18, ka faɗa wa sauran gaskiya da wuri. Wanda ba ya zuwa atisaye, komai gwanintarsa, ajiye shi, domin shi ne zai bar maka gurbi ranar wasa. Ka zaɓi gola da ƴan baya huɗu, kada ka ƙara taɓa su. Kullum ka ba su minti 20 su biyar, ƴan gaba shida suna kawo musu hari. Tazarar ɗan baya da ɗan'uwansa kada ta wuce taku 10 zuwa 12, kuma mutum ɗaya kaɗai ke ba da umarnin a fito ko a ja baya. Idan biyu suna magana, layin zai karye, ɗaya ya fito ɗaya ya tsaya, nan ake cin ka.

Sati na biyu na kwana ne da bugun tazara. Kwana iri biyu ta isa, ɗaya zuwa ƙarfen kusa, ɗaya gajera. A tsaro kowa ya san mutuminsa da suna ko lamba, ka kuma ware mutum biyu waɗanda aikinsu kawai shi ne bin ƙwallon da gola ya doke. A filin rairayi da tsakuwa irin namu ƙwallo tana tsalle ba yadda aka zata ba, gola zai saki, don haka wannan ba ƙari ba ne. Duk sanda abokan hamayya suka yi canji, kyaftin ya faɗa da ƙarfi wa zai riƙe sabon.

Sati na uku ka buga wasan gwaji biyu, na ƙarshe kwana huɗu kafin gasa, da mutum 11 da za su fara. Atisaye kada ya wuce minti 75, da sassafe ko bayan la'asar, a tsaya shan ruwa kowane minti 20. Kwana biyun ƙarshe babu gudu mai nauyi, maimaita kwana da tsayuwa kawai. Idan kuma ka fita daga rukuni da wasa ɗaya a hannu, hutar da mutum uku ko huɗu, masu kati da masu ƙaramin rauni, amma gola da ƴan bayan tsakiya biyu su buga.