Tambaya da Amsa: Tsofaffin finafinan Japan masu tsiraici

Tambaya: Salam Tanti, ni ɗan Tawa ne ina karatun sinima a Yamai. Malaminmu ya ce wai tsofaffin finafinan Japan masu tsiraici akwai darasin kaɗaici a cikinsu, ni dai abin ya ɗaure min kai, batsa ai batsa ce. Ko akwai abin da ban gane ba?

Amsa: Wa alaikumus salam ƙanena. Ba zan ce ka je ka nemo su ba, da yawansu ba abin kallo ba ne, kuma yadda ake wulaƙanta mace a ciki wallahi yana ƙona min rai. Amma malaminka bai yi ƙarya ba.

Asalin abin kuɗi ne. Tele ta shiga gidaje aka daina zuwa sinima, kamfanin finafinan Japan mai suna Nikkatsu ya kusa durƙushewa sai ya koma irin waɗannan finafinai a 1971, kafin ya bari a 1988 ya yi sama da 1,000. Sharaɗin dai a saka tsiraici kamar duk minti 10, sauran darakta ya yi yadda ya ga dama, to ta wannan ƙofa wasu suka shigo da labarin matar da miji ya manta da ita a ɗaki, da ɗan ci-rani da ba shi da kowa a Tokyo.

Wanda ya tsaya min a rai shi ne fim ɗin Suna no Onna (wato Matar Rairayi) na 1964, ba na Nikkatsu ba ne kuma ya fi su kamun kai nesa. A fim ɗin, wani malamin makaranta ya je neman ƙwari, ƴan ƙauye suka saukar da shi da tsanin igiya cikin wani ramin rairayi inda wata mata da mijinta ya rasu ke zaune, gari na wayewa babu tsani. Kullum dare sai sun kwashe rairayi da shebur, in sun ƙi a hana su ruwa. Kai ɗan Tawa ba sai na faɗa ma yadda rairayi ke shiga tuwo da shimfiɗa ba. Sha'awar da ta shiga tsakaninsu ta waɗanda ba su da mafita ce, shi yana huce haushinsa a kanta, masu tsani suna sama suna leƙe. Har suka ce sai ya kusance ta a gabansu kafin su bar shi ya ga teku, ya yarda, ita ce ta ƙi ta yi ta kokawa da shi.

In za ka rubuta wa malaminka wani abu, fara da wannan ƙin nata.